Taswira Ce Alƙali a Tsofaffin Wasannin Yaƙi na Kwamfuta

A shekarar 2001 kamfanin Blizzard ya yi wa wasan StarCraft: Brood War gyara mai lamba 1.08. A ciki ne aka ƙara kuɗin ginin da ƙabilar Zerg ke buƙata kafin ta fitar da mayaƙanta na farko, daga 150 zuwa 200. Tun daga nan kamfanin bai sake taɓa ƙarfin rundunonin ba, ko da ya sabunta hotunan wasan a 2017. Amma kuma ƙwararrun Koriya ta Kudu sun kwashe fiye da shekara goma suna fafatawa a tashoshin OnGameNet da MBC Game, salon wasa yana sauyawa daga wannan gasa zuwa waccan. Abin da ya ci gaba da canzawa shi ne taswira. Duk mai nazarin da ya ɗauke ta a matsayin ado, ya mai da hankali kan rundunoni kaɗai, ya bar rabin dokar wasan bai karanta ba.

Dalilin yana cikin tsarin wasannin kansu. A dara kowa yana jiran abokin karawarsa ya aje kafin ya aje nasa. A nan babu jira: kowa yana gini, yana haƙar ma'adinai, yana tura soja, duk a lokaci guda. Don haka tazarar da ke tsakanin sansani biyu lokaci ce. Mai zana taswira da ya tsawaita hanya ya ba mai son tara dukiya sarari ke nan, wanda ya gajarta ta kuwa ya miƙa wuƙa ga mai harin sassafe.

Dune II na kamfanin Westwood, wanda ya fito a 1992, shi ya fara koya wa 'yan wasa wannan darasi. Ba a gini sai a kan dutse, kuma ginin da ba a shimfiɗa masa kankare ba da rauni yake tashi. Arzikin kuwa yana can cikin rairayi, inda ƙatuwar tsutsa ke haɗiye motar haƙa ɗungurungum. Wurin tsira daban, wurin abinci daban, dole ɗan wasa ya yi kasada tsakaninsu.

Kan batun tudu ne masu ƙirƙira suka rabu. Total Annihilation na 1997 ya bar harsashi ya yi tafiyarsa a sarari, tsauni ya tare shi idan ya shiga gabansa. Age of Empires II na 1999 ya bi lissafi: wanda ke sama yana ƙara kashi 25 cikin ɗari a dukansa, na ƙasa kuma nasa ya ragu. StarCraft na 1998 ya fi su tsanani, domin mai harbi daga kwari ba ya ganin na kan tudu sai an leƙo masa, kuma kusan rabin harbinsa a banza yake tafiya. Shi ya sa 'yan tsirarun mayaƙa a bakin hawa suke tsayar da runduna guda.

Taswirar Lost Temple ta StarCraft, wadda ta mamaye shekarun farko na gasa, ta nuna inda wannan ke kaiwa. Sansanoni huɗu ne, kowanne a kan tudu, da hawa guda da ke gangarowa zuwa filin ma'adinai na biyu. A gefen wannan fili akwai wani tsauni da ƙafa ba ta hawa. Ɗan wasan ƙabilar Terran sai ya ɗauko tankokin yaƙi a jirgi ya sauke su a can, su kafe ƙafafunsu, su dinga ruwan wuta kan ma'aikatan da ke ƙasa. Mai gida yana kallo, idan ba shi da abin tashi sama, babu yadda zai yi. Tankar ba ta fi ƙarfi a Lost Temple ba. Tsaunin ne ya ba ta wurin zama.

Masu zana taswirorin gasa a Koriya sun gane haka, suka mai da shi sana'a. Suna rage faɗin mashigar fili na biyu har ɗan wasan ƙabilar Protoss ya iya toshe ta da gini biyu ko uku, ya faɗaɗa da wuri ba tare da Zerg ta cinye shi ba. Suna auna sararin da ke bayan ma'adinai, tunda nan ne mayaƙan Mutalisk masu fukafukai ke laɓewa su kai sara su gudu. Suna matso da fili na uku ko su nisanta shi. Taswirar da aka ga tana fifita wata ƙabila akan gyara ta ko a cire ta. Fighting Spirit, da ta fito wajen 2009, har yau ana buga ta saboda ƙabilu ukun duk suna samun numfashi a kanta.

Za a iya cewa gwani gwani ne ko'ina aka ajiye shi. Gaskiya ne idan gwani ya haɗu da ɗan koyo. Tsakanin ƙwararru biyu da hannunsu ya zo ɗaya, faɗin mashiga yakan raba gardama.

Sai dai adalcin Koriya da tsadarsa ya zo. Taswirorin sun riƙa kama da juna: tudu, hawa, fili na biyu mai ƙunƙuntar ƙofa. Ɗan wasa ya haddace kowane lungu kafin a fara. Age of Empires II ya bi wata hanya, inda kwamfuta ke ƙera sabuwar ƙasa a kowane wasa bisa wani tsari. A taswirar Arabia fili a buɗe yake, itatuwa kaɗan, hari yana iya ɓullowa ta kowace kusurwa. A taswirar Black Forest kurmi ya rufe ko'ina, 'yan hanyoyi ne matsattsu da ake toshewa da ganuwa, a zauna ana tara dukiya har sai an samu majaujawa mai kayar da itace. Rundunoni ɗaya, farashi ɗaya, amma kusan wasanni biyu ne daban.

Wannan hanya tana da nata zalunci. Wani zai tarar da zinariyarsa a bayan gari cikin aminci, abokin karawarsa kuma tasa tana gaba, ƙarƙashin tudun da maƙiyi zai hau. Duk da haka ita ta fi riƙe abin da ya sa wasannin suka cancanci a kira su na dabara, domin mahayin dokin da ake turawa leƙen asiri a mintunan farko da gaske yake neman abin da ba a sani ba, kuma shirin yaƙi yana jiran labarin da zai kawo. Masu gasa ba su guje ta ba: King of the Desert, ɗaya daga manyan gasannin Age of Empires II, a kan Arabia kaɗai ake yin ta tun daga zagayen farko har na ƙarshe.