Kazuo Miyagawa

Kazuo Miyagawa (1908-1999) mai ɗaukar hoton fim ne ɗan ƙasar Japan, haifaffen birnin Kyoto. Tun yana yaro ya koyi zanen tawada na gargajiya, inda ake sarrafa baƙi a kan fari har ya ba da inuwa iri-iri. A 1926 ya shiga kamfanin Nikkatsu, ya fara daga ɗakin wanke fim, ya yi shekaru cikin sinadarai kafin a damƙa masa kyamara. Idon mai zane da hannun mai wanke fim su ne jarinsa, kuma da su ya ƙera kamannin da duniya ta san finafinan Japan da su bayan Yaƙin Duniya na Biyu.

A 1950, ƙasar tana ƙarƙashin mamayar Amurka, kamfanin Daiei ya haɗa shi da darakta Akira Kurosawa a fim ɗin Rashomon. Dajin da aka yi aikin yana da duhu, sai Miyagawa ya sa madubi yana tarar hasken rana yana mayar da shi kan fuskokin 'yan wasa, inuwar ganye tana rawa a goshinsu. Ya kuma saita kyamara ga rana kai tsaye ta tsakanin rassa, abin da masu sana'ar suke gudu a wancan zamani. Labarin na shaidu ne da ke saɓa wa juna, hasken ma bai tsaya wuri ɗaya ba. Fim ɗin ya ci kyautar Zakin Zinare a Venice a 1951. Ugetsu (1953) da Sansho Dayu (1954) na darakta Kenji Mizoguchi, waɗanda shi ya ɗauka, kowanne ya samo Zakin Azurfa a can.

Akwai masu cewa mai ɗaukar hoto yaron darakta ne, abin da aka ce shi yake yi. Maganar tana da ƙamshin gaskiya: a Ukigusa (1959), Yasujiro Ozu ya ajiye kyamara ƙasa-ƙasa ba motsi kamar yadda ya saba, Miyagawa kuwa ya bi. Amma Kurosawa mai son zafin motsi ne, Mizoguchi mai son doguwar ɗauka a hankali, duk da haka zurfin inuwa da tsarin hoton iri ɗaya ne a wurinsu. Kwalekwalen Ugetsu da ke ratsa hazo a tafki kamar da tawada aka zana shi. Hujjar da ta fi ƙarfi ita ce Ototo (1960) na Kon Ichikawa. Don launin ya dusashe kamar na tsohon zamani, Miyagawa ya tsallake matakin da ke cire azurfa wajen wanke fim, ya bar ta a jikinsa. Sai wanda ya zauna a ɗakin wanke fim zai san wannan hanya. Daga baya mai ɗaukar hoto Roger Deakins ya yi amfani da ita a Ingila a 1984.