Bafaranshen da ya tsara kiɗan Ar-Risala

Wani dare ina aikin kwana a asibiti nan Jidda, ina auna wa wani dattijo hawan jini, sai wayarsa ta yi ƙara. Wallahi sai da hannuna ya tsaya. Kiɗan fim ɗin Ar-Risala ne, wanda muke kallo a kaset ɗin bidiyo a gidanmu a Kano, mu da yaran maƙwabta a kan tabarma ɗaya. Na fi shekara 30 da sanin sautin nan, amma ban taɓa tambayar wa ya tsara shi ba. A zatona Balarabe ne. Ashe Bafaranshe ne, Maurice Jarre.

An haife shi a birnin Lyon a 1924. Ya fara karatun injiniya, ya watsar, ya shiga makarantar kiɗa ta Paris inda ya ƙware a ganguna. A 1951 Jean Vilar ya ɗauke shi ya shugabanci sashen kiɗa na gidan wasan kwaikwayonsa, ya yi shekara 12 a nan. Tauraronsa ya haska ne a 1962 da fim ɗin Lawrence of Arabia, labarin Baturen Ingilan da ya sauka a wannan gari namu na Jidda a 1916. Cikin 'yan makonni ya gama kiɗan, ya ci kyautar Oscar. Ya sake ci da Doctor Zhivago na 1965, da A Passage to India na 1984.

To, da Mustafa Akkad, ɗan Siriya, ya tashi yin fim kan farkon Musulunci, sai ya nemo mutumin da ya riga ya san yadda ake sa hamada ta yi amo. Aikin fa ba ƙarami ba ne. Fim ɗin bai nuna Manzon Allah (SAW) ba, bai kuma jiyar da muryarsa ba. Idan labari ya iso wurinsa, sai a ji wani sauti mai sanyi, mai kallo ya fahimta. Wato an ɗora wa kiɗa nauyin da aka hana hoto ɗauka. An ɗauki fim ɗin a Maroko da Libiya, ya fito a 1976, kiɗansa ya shiga takarar Oscar. Su biyun suka sake haɗuwa a fim ɗin Umar Mukhtar na 1981. Akkad, Allah ya jiƙansa, ya rasu sanadiyyar harin bam a Amman a 2005, Jarre ya mutu a Amurka a 2009. Babu wanda ya kai 2018 a cikinsu, shekarar da aka fara haska Ar-Risala a silima a Saudiyya.

Da na ba yayata labarin a waya, sai ta ce ita dai ranta ya sosu, wai ashe wanda ba Musulmi ba ne ya sa mu kuka ranar da aka kashe Sayyidina Hamza. Na ce mata, Yaya, ni kullum da hannun 'yan Filifin da Indiyawa nake jinyar alhazai, ban taɓa ganin ciwo ya ƙi warkewa don haka ba. Ba ta gamsu ba, ni ma ban matsa ba. Amma ranar Juma'a na zaunar da yarana muka kalli fim ɗin tun daga farko, kuma wannan karon ban kashe ba sai da sunayen ƙarshe suka gama wucewa.