Dutsen da ba a sassaƙa ba: Lugu da littattafan tarihin sassaƙa na Faransa

Duk ɗalibin da ya nufi nazarin tarihin fasaha cikin Faransanci, da wuya ya kauce wa waɗansu littattafai. Akwai ƙamus na Stanislas Lami, Dictionnaire des sculpteurs de l'école française, wanda ya fito juzu'i-juzu'i daga 1898 zuwa 1921, inda aka jera masassaƙa da ayyukansu ɗaya bayan ɗaya. Akwai aikin Maurice Agulhon, musamman Marianne au combat (1979) da Marianne au pouvoir (1989). Sannan ga kundin baje kolin La sculpture française au XIXe siècle da aka yi a Paris a 1986, shekarar da aka buɗe gidan tarihi na Orsay. A wannan ƴar takarda muna son mu auna waɗannan littattafai da wani gari guda na ƙasar Arewa, wato Lugu, don mu ga abin da suke iya nuna mana da abin da suke rufe mana ido a kansa.

Bari mu fara da shekarar 1899. Ran 19 ga Nuwamba, shugaban Faransa Émile Loubet ya ƙaddamar da Le Triomphe de la République, babban mutum-mutumin tagulla na Jules Dalou, a dandalin Nation: mace ce tsaye bisa keken da zakoki 2 ke ja, ita ce Jamhuriya. Wata 7 kafin nan, ran 16 ga Afrilu, ayarin sojan wannan Jamhuriyar, ƙarƙashin kaftin Voulet da Chanoine, ya auka wa Lugu, inda mutanen Sarauniya Mangu suka tsaya masa da kwari da baka. Sauran labarin sananne ne: kisan Birnin Ƙonni a watan Mayu, harbe kanar Klobb a Dankori ran 14 ga Yuli, sai mutuwar kaftin ɗin biyu a hannun sojojinsu kwanaki kaɗan bayan haka. Kaburburansu suna Maijirgi. Mai karanta littattafan da muka ambata zai san tarihin macen tagulla filla-filla, tun daga samfurinta na farar ƙasa da aka nuna a 1889. Ba zai ci karo da macen Lugu ba ko a shafi ɗaya.

Wannan ba abin mamaki ba ne, kuma ba mu ɗauke shi laifin marubutan ba, domin fagensu Faransa ce. Inda gizo ke saƙa shi ne ma'aunin da suke bar wa mai karatu. A cikinsu, abin tunawa shi ne abin da wani mutum mai suna ya sassaƙa, a wata shekara sananniya, da kuɗin wata hukuma. Ko da marubuta Turawa suka waiwayi Afirka, kamar Paul Guillaume da Thomas Munro a littafinsu na 1926, gumaka da fuskokin itace na bakin teku da na kurmi suka nema. Da wannan ma'auni, ƙasar Arewa sai ta zama kamar fili fetal.

Alhali kuwa Lugu tana da dutsenta. Tunguma, wanda tarihin baka na Gubawa ya ce ya rako Sarauniya ta farko daga Daura, dutse ne da ake zuwa wurinsa neman hukunci idan magana ta gagari mutane. Babu hannun masassaƙi a jikinsa, ba shi da siffar kowa, ƙimarsa tana cikin aikin da yake yi. Haka ita ma sarautar: ba a ajiye Sarauniya cikin tagulla ba, ana ajiye ta cikin wata mace mai rai wadda ke zaune a keɓe, gawar magabaciyarta ce ke nuna ta a al'adar tarkama. Marc-Henri Piault, a Histoire Mawri (1970), ya nuna yadda ikon masu ƙasa na Lugu da Bagaji ya zauna gefe da gefe da sarautar Arawa ta Matankari. A ganinmu, wannan littafin ɗan nazarin al'umma ya fi kusa da zama tarihin abubuwan tunawa na Arewa bisa kowane littafin fasaha.

Duk da haka, ba mu ce a jingine Agulhon ba. Shi bai tsaya ga kyan aiki ba. Tambayoyinsa su ne: wa ya kafa, wa ya biya, wa ya yi jawabi, wa ya ƙi zuwa? Ya nuna cewa yawan kafa mutum-mutumi a Jamhuriya ta Uku gwagwarmayar siyasa ce tsakanin ƴan jamhuriya da abokan hamayyarsu. (Mu tuna kuma cewa dokar Vichy ta 1941 ta sa an narkar da ɗimbinsu, tagulla ma ba ta da tabbas.) Waɗannan tambayoyi sun dace da mu ƙwarai, tun da Sarauniya ta fita daga Lugu ta shiga hannun ƙasa. Littafin Abdoulaye Mamani na 1980 ya mai da ita jaruma mai jan daga, fim ɗin Med Hondo na 1986, wanda aka ɗauka a Burkina Faso kuma ya ci babbar kyautar FESPACO a 1987, ya ba ta fuska. Fuskar da jama'a da yawa suke gani idan an ce Mangu, ta ƴar wasa Aï Keïta ce. Ke nan an yi mata irin abin da aka yi wa Marianne: mace guda ta ɗauki nauyin ma'anar ƙasa, kuma siffar ta yi nisa da matar da ke zaune cikin ɗakinta a Lugu.

A Yamai ma abin yana tafiya. A watan Oktoba na 2024 hukuma ta cire hoton Parfait-Louis Monteil daga ginin tunawa da ke dandalin da a lokacin yake ɗauke da sunansa, ta sa na Thomas Sankara. Ginin bai motsa ba, fuska ce ta sake. Ɗalibin da zai rubuta tarihin wannan dandali zai sami kayan aiki a wurin Agulhon. Wanda zai rubuta na Tunguma kuwa, sai ya tafi Dogon Dutsi, ya ƙarasa Lugu, ya nemi izinin masu dutsen kafin ya buɗe littafin rubutunsa.