Mamman Sani Abdoulaye: an san kiɗan, ba a san mai shi ba

Mamman Sani Abdoulaye makaɗi ne ɗan Nijar, ɗaya daga cikin na farko da suka fara kiɗa da ogan a ƙasarmu, wato irin piyanon nan mai aiki da lantarki. Da yawanmu mun tashi muna jin kiɗansa tsakanin shirye-shiryen rediyo da talabijin na ƙasa, ba tare da mun taɓa jin sunansa ba. Sana'arsa ƴar uwar ta masu kiɗan fim ce: ba waƙa, ba kirari, sauti kawai mai raka hoto da magana.

An haife shi a Accra ta ƙasar Gana a 1952, daga baya iyalinsu suka dawo Nijar. Ya yi koyarwa, sannan ya yi aiki da hukumar UNESCO, aikin da ya riƙa kai shi ƙasashen waje. A wajen wani taro ne ya ga ogan ƙirar Italiya, samfurin Orla, hannun wani wakilin Ruwanda. Ya lallashe shi har ya sayar masa, ya taho da abinsa Yamai.

Da wannan ogan ya riƙa juya kaɗe-kaɗen gargajiya, har da na Fulani da Buzaye, yana kuma ƙirƙiro nasa. A 1978 ya naɗi kundinsa na farko a gidan rediyon ƙasa. Kaset wajen ɗari kacal aka buga, shi ya sa ya yi wuyar samu.

Sai bayan shekaru fiye da 30 wani Ba'amurke mai neman tsoffin kaɗe-kaɗe, Christopher Kirkley, ya ci karo da kaset ɗin a Yamai. Kamfaninsa Sahel Sounds ya sake fitar da shi a 2013 da sunan La Musique Électronique du Niger, aka bi da Taaritt a 2014. Daga nan Mamman Sani ya shiga zagayen wasa a Turai.

To jama'ar Madarunfa, da ƴan uwa na Jibiya, Kano, Abijan da Accra: da wannan kaset ya lalace, da aikin ya tafi ke nan. Akwai irinsa cikin akwatunan gidajenmu, masu ɗauke da muryoyin makaɗan Katsinar Maradi da Gobir. Zafi da ƙura na cin zarensu. Kafin a jefar, a nemi mai juya su cikin waya ko kwamfuta, kuma a rubuta sunan mai kiɗan.