Ryuichi Sakamoto: An Kira Shi Wasa, Ya Nemi Kiɗa

Jiya da dare na sake kallon fim ɗin The Last Emperor, kuma har yanzu kiɗansa bai bar kunnena ba. Shi ya sa na ce bari in ɗan ba ku tarihin ɗaya daga cikin waɗanda suka tsara shi, Ryuichi Sakamoto, ɗan ƙasar Japan.

An haife shi a Tokyo a 1952. Ya fara yin suna a 1978, lokacin da shi da Haruomi Hosono da Yukihiro Takahashi suka kafa ƙungiyar Yellow Magic Orchestra, masu kiɗa da na'urorin lantarki.

Ana nan sai darakta Nagisa Oshima ya neme shi ya fito a fim ɗinsa Merry Christmas, Mr. Lawrence, wanda ya fita a 1983. Mutumin nan bai taɓa wasan fim ba, bai kuma taɓa tsara wa fim kiɗa ba. Amma ya ce ya yarda, da sharaɗin a bar masa kiɗan. Oshima ya amince. Ya fito a matsayin Kyaftin Yonoi, shugaban sansanin fursunonin yaƙi, tare da David Bowie. Wasan nasa ko shi kansa bai gamsar da shi ba, amma kiɗan ya ciyo masa kyautar BAFTA.

Haka aka sake yi da The Last Emperor na 1987. Darakta Bernardo Bertolucci ya ɗauke shi ne don ya fito a matsayin Amakasu, wani jami'in Japan, sai daga baya ya ɗora masa aikin kiɗa. A 1988 ya karɓi Oscar tare da David Byrne da Cong Su.

A 2014 aka gano yana da kansar maƙogwaro. Duk da haka ya yi kiɗan The Revenant a 2015. Kundinsa na ƙarshe, mai suna 12, ya fito ranar da ya cika shekara 71, ya rasu ranar 28 ga Maris 2023.

Abin da ya tsaya min a rai shi ne sharaɗin nan. Da kunya ta hana shi buɗe baki a gaban Oshima, da wataƙila fim ɗaya zai yi a manta da shi. Ni kam sau nawa aka ba ni dama na karɓa na yi godiya, ban faɗi abin da na fi iyawa ba? Ku fa?