Kanibal na Trinidad da Tarzomar Kanbule

Kanibal biki ne na kwana biyu, Litinin da Talata, da ake yi a tsibirin Trinidad gab da azumin Kiristoci. Marubuta sun sha bamban kan asalinsa. Wasu na jingina shi ga Faransawa masu gonakin rake da suka kwararo tsibirin bayan 1783, suna raye-rayen ɓad da kama a manyan gidajensu. An yi hakan, amma bikin titi na baƙar fata ne, waɗanda suka mamaye shi bayan cikakken 'yancin bayi a 1838.

Ginshiƙinsa shi ne Kanbule. A zamanin bauta, in gobara ta kama gonar rake, akan tasa bayi a gaba cikin dare da bulala, su kashe wutar, su sare raken kafin ya lalace. 'Yantattu suka mai da wannan azaba wasa. Sai su fito tsakar dare riƙe da bakin wuta, ana kaɗa ganguna, gwanayen wasan sanda da ake kira kalinda na gwabzawa, mawaƙa na zuga su da kirari da habaici.

Turawan Ingila, da suka ƙwace tsibirin a 1797, ba su taɓa ƙaunar abin ba. A Fabrairun 1881 shugaban 'yan sanda, Kyaftin Arthur Baker, ya sha alwashin murƙushe shi a birnin Port of Spain. Jama'a suka tarbi mutanensa da sanduna da duwatsu da kwalabe, aka ji wa da dama rauni. Gwamna Sanford Freeling da kansa ya fito ya lallashi taron, ya kuma tsare 'yan sanda a bariki har aka gama biki. Nasarar ba ta daɗe ba. A 1884 hukuma ta hana ganga da fita da wuta, aka zub da jini a Princes Town.

Da aka rasa ganga sai aka koma buga gora a ƙasa, daga baya gwangwanaye. Zuwa shekarun 1940 matasan unguwannin talakawa irin su Laventille sun ƙera duron man fetur yana fitar da amo daban-daban. Trinidad ta sami 'yancin kai a 1962, a 1992 kuma aka ayyana wannan gangar ƙarfe a matsayin kayan kiɗan ƙasa.