Yadda Aka Fara Gasar Rukuni Na Biyu A Ingila: Tarihin Kakar 1892/93



Yawancin matasanmu da ke cika gidajen kallo ranar Asabar da Lahadi magoya bayan Manchester United ne, ko Arsenal, ko Liverpool, ko Manchester City. Idan musu ya yi zafi, babban gorin da ake yi wa juna shi ne "ai ƙungiyarku ta taɓa buga gasar 'yan dagaji". Gaskiyar magana, duk waɗannan huɗun sun buga ta, uku daga cikinsu ma ta wannan ƙofa suka shigo gasar ƙasa tun farko. Don haka yau za mu duba yadda aka kafa rukuni na biyu a Ingila, da abin da ya faru a kakarsa ta farko, da kuma yadda aka sha wuya kafin a samu dokar hawa da faɗuwa da muka sani yanzu.

A shekarar 1885 hukumar ƙwallon ƙafa ta Ingila ta amince a riƙa biyan 'yan wasa albashi. Wannan ya jawo wa ƙungiyoyi sabon nauyi, domin albashi kowane mako ake biyansa, alhali wasannin sada zumunta da suke dogaro da su ba su da tabbas. Sai a sa rana, jama'a su taru, abokan karawa su ƙi zuwa, kuɗin ƙofa ya salwanta. Wani ɗan kasuwa mai shagon yadi a Birmingham, William McGregor, wanda jigo ne a Aston Villa, shi ya kawo shawarar manyan ƙungiyoyi su tsara jadawali tsayayye, kowace ta karɓi baƙuncin 'yar uwarta sau ɗaya, ita ma ta je mata sau ɗaya. Da haka aka kafa gasar lig a 1888 da ƙungiyoyi 12, kuma Preston North End ta lashe kakar farko ba tare da an ci ta ko wasa ɗaya ba.

To amma ƙungiyoyi 12 kawai aka ɗauka, masu son shiga kuma sun fi haka nesa ba kusa ba. Waɗanda aka bari a waje ba su zauna jiran tsammani ba. A 1889 suka kafa tasu gasar mai suna Football Alliance, ita ma da ƙungiyoyi 12. Shekara uku ta yi tana gudana: The Wednesday ta garin Sheffield ta ci ta farko, Stoke ta biyu, Nottingham Forest ta uku. A lokacin babu wata matakala tsakanin gasannin biyu. Hanya ɗaya ta shiga babbar gasar ita ce ƙuri'a: ƙungiyoyin da suka ƙare a ƙasan teburi su nemi a sake zaɓensu, na waje su ma su nema, mambobi su jefa ƙuri'a. Ka ga ke nan wanda ya fi abokai a ɗakin taro yana iya kayar da wanda ya fi shi iya wasa.

A 1892 aka yi sulhu, babbar gasar ta haɗiye Alliance. Aka ɗauki uku daga cikinta, wato Nottingham Forest da The Wednesday da Newton Heath, aka sa su a rukuni na ɗaya, wanda ya koma ƙungiyoyi 16. Takwas suka zama harsashin sabon rukuni na biyu: Small Heath, Ardwick, Grimsby Town, Burton Swifts, Bootle, Lincoln City, Crewe Alexandra da Walsall Town Swifts. Aka ƙara musu Darwen, wadda ta ƙare a ƙarshen teburin babbar gasar a kakar da ta gabata, sai kuma Sheffield United da Northwich Victoria da Burslem Port Vale daga wasu gasannin yanki. Jimilla 12 ke nan, kowace za ta buga wasa 22. Nasara maki biyu ne a lokacin, canjaras maki ɗaya. Maki uku bai zo ba sai 1981.

A lura da sunaye uku a nan. Newton Heath, wadda ma'aikatan wani kamfanin jirgin ƙasa suka kafa a 1878, ita ce ta koma Manchester United a 1902. Ardwick ita ce ta koma Manchester City a 1894. Small Heath kuwa ita ce Birmingham City ta yau. Liverpool a wannan shekarar aka haife ta, bayan Everton ta bar filin Anfield saboda rikicin haya da mai filin, John Houlding. Ta nemi shiga gasar ba a ɗauke ta ba, sai ta tafi ta buga gasar yankin Lancashire, ta kuma lashe ta.

Kakar farko ta zo da ruwan ƙwallaye, abin da ya nuna ratar ƙarfi da ke tsakanin ƙungiyoyin. A watan Disambar 1892 Sheffield United ta bi Burslem Port Vale har gida ta zuba mata 10 da nema, kuma har yau ba a samu baƙuwar da ta yi cin da ya fi wannan a gasar lig ta Ingila ba. Mako guda bayan haka Small Heath ta lallasa Walsall Town Swifts 12 da nema. Da aka kammala, Small Heath ce ta ɗaya da maki 36, ta ci wasa 17, canjaras biyu, an doke ta sau uku, ta zura ƙwallo 90 a wasa 22. Ɗan gabanta Fred Wheldon shi ya fi kowa cin ƙwallo a rukunin. Sheffield United ta biyo baya da maki 35, Darwen ta uku da maki 30.

A tsarin yau da Small Heath ta haye kai tsaye. Amma manyan ƙungiyoyi ba su yarda su bar kujerunsu cikin sauƙi ba. Dokar da suka kafa ita ce wasan gwaji: ukun ƙarshe na rukuni na ɗaya su kara da ukun farko na rukuni na biyu, wasa ɗaya a filin da ba na kowa ba, wanda ya ci shi ne a sama. Ranar 22 ga Afrilu, 1893 aka buga. Darwen ta doke Notts County 3-2, ta haye. Sheffield United ta doke Accrington 1-0, ita ma ta haye. Small Heath, zakarar rukunin, ta haɗu da Newton Heath wadda ta ƙare a can ƙarshen teburin sama, aka tashi 1-1. Da aka sake wasan ranar 27 ga wata, Newton Heath ta ci 5-2. Sakamakon ke nan: ta biyu da ta uku sun hau, ta ɗaya ta tsaya inda take. Wahalar wata bakwai ta tafi a wasa biyu.

Faɗuwa ma a lokacin ba ƙaramin abu ba ce, domin kuɗin ƙofa shi ne kusan dukan abin da ƙungiya ke samu, ga kuɗin jirgin ƙasa na zuwa wasannin waje, ga albashi. Accrington, ɗaya daga cikin 12 da suka kafa gasar a 1888, ta gwammace ta fice gaba ɗaya da ta buga rukuni na biyu, kuma ba ta daɗe ba ta ruguje. Kada a rikita ta da Accrington Stanley, wannan daban ce. Bootle ita ma kuɗi ya gagare ta, ta janye bayan kaka ɗaya tak. Faɗuwar wani tashin wani: a guraben da aka samu da ƙarin da aka yi, kakar 1893/94 ta zo da ƙungiyoyi 15, cikinsu har da Liverpool, maƙwabciyar Bootle, da Newcastle United, da Woolwich Arsenal, wadda ita ce ta farko daga kudancin Ingila da ta shiga gasar.

Kaka ta biyu ta nuna cewa rukunin ba na raini ba ne. Liverpool ta lashe shi ba a doke ta ba, nasara 22 da canjaras shida, sannan ta ci Newton Heath 2-0 a wasan gwaji. Ranar Liverpool ta hau, Newton Heath ta sauka, kuma shekara 12 ta yi a ƙasa, sai 1906 ta dawo da sabon sunanta na Manchester United. Small Heath, wadda a wannan karon ta zo ta biyu, ta doke Darwen 3-1 ta samu abin da ya kuɓuce mata a baya. Notts County kuwa, tana rukuni na biyu ta ɗauki kofin FA a 1894 bayan ta ci Bolton Wanderers 4-1, ita ce ta farko da ta yi haka daga ƙasa.

Abin da ya kashe wasan gwaji shi ne abin kunyar 1898. A lokacin an mayar da shi ƙaramar gasa ta ƙungiyoyi huɗu, biyu daga sama, biyu daga ƙasa. A wasan ƙarshe, ranar 30 ga Afrilu, Stoke da Burnley suka shiga fili kowace ta san canjaras ya ishe ta zama a rukuni na ɗaya. Aka tashi babu ci, ba kuma wanda ya yi wani yunƙurin kirki na ci, 'yan kallo suna gani da idonsu. Newcastle United ce abin ya fi shafa. Hukumar gasar ta gyara ɓarnar ta hanyar faɗaɗa kowane rukuni zuwa 18, wanda ya ba Newcastle da Blackburn Rovers gurbi a sama, sannan ta soke wasan gwaji. Daga nan aka koma tsari mai sauƙi: biyun farko su hau, biyun ƙarshe su sauka, teburi ne alƙali. Wasan cike gurbi bai dawo ba sai 1987. Sunan rukunin ya sauya a 1992 da aka kafa Firimiya, sannan a 2004 ya zama Championship.

Ba duka ne suka ci ribar wannan tafiya ba. Darwen, ta wani ƙaramin gari mai masaƙun auduga a Lancashire, ta bar gasar a 1899 bayan kakar da aka zura mata ƙwallo 141. Manyan birane masu yawan 'yan kallo su suka ɗore. Ardwick da ta ƙare ta biyar a kakar farko yau duniya ta san ta, Small Heath da ta zo ta ɗaya kuwa har yanzu ba ta taɓa lashe babbar gasar ba.

Mu a nan Najeriya mun ga irin abin da neman hawa ke jawowa idan doka ta bar ƙofa a buɗe. A watan Yulin 2013, a wasannin neman gurbi na ƙananan ƙungiyoyi a Bauchi, ƙungiyoyi biyu da makinsu ya zo ɗaya suka ga yawan ƙwallo ne zai raba gardama, sai aka ji sakamakon 79 da nema a wannan fili, 67 da nema a wancan, har hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasa ta yanke hukunci mai tsanani. Mun kuma ga cewa sauka ba mutuwa ba ce: Kano Pillars ta faɗa rukuni na biyu a 2022, ta dawo a 2023.

Saboda haka kira ga 'yan uwanmu masu shirya wa matasa gasar unguwanni: a rubuta dokar hawa da faɗuwa tun kafin a buga wasan farko, a karanta ta gaban kowa, kada a taɓa ta a tsakiyar kaka. A buga wasannin ƙarshe a lokaci ɗaya. Kada a bar yanayin da ƙungiyoyi biyu za su amfana da haɗa baki. Turawan da suka fara abin shekara shida suka yi kafin su gane wannan, mu kuma tarihinsu na gabanmu kyauta.

Masu ƙarin bayani ko gyara, ƙofa a buɗe take. Allah Ya ƙara haɗa kanmu, Ya shirya mana matasanmu, amin.

Sakataren Ƙungiya